Kalmar da Ta Rage a Bakin Malam Badaru

Malam Badaru ya faɗi ne a gaban allo, da alli a hannunsa, ana tsakiyar darasin Turanci na 'yan ajin ƙarshe. Ɗalibansa sun ce ya juyo zai yi tambaya, sai bakinsa ya karkace, ya dafa tebur, teburin ya tafi da shi ƙasa. Da ya farfaɗo a asibiti, likita ya gaya wa matarsa Kande cewa hawan jini ne ya shanye masa ɓarin dama. Hannu da ƙafa ba sa motsi. Wannan kowa ya gani da idonsa. Abin da aka daɗe ba a gane ba shi ne Hausa ta bar harshensa.

Yana jin komai. Idan aka ce masa sannu, amsar tana nan a ransa daram, amma kafin ta iso baki sai ta narke. Abin da ke fita sai guntayen Turancin aji, irin wanda ya kwashe rabin rayuwarsa yana maimaita wa 'ya'yan mutane. Ya so ya ce wa Kande ta gyara masa matashi, sai ya ji bakinsa ya umarce ta da Turanci ta zauna. Ya so ya amsa sallamar limamin unguwarsu, sai ya ce masa ya buɗe littafi. Bayan wannan ya koma yin shiru.

Gadonsa ba ya rabuwa da mutane. Malamai abokan aikinsa, tsofaffin ɗalibai, dangin Kande daga Dutsi, maƙwabta daga unguwarsu ta wajen Kusugu, kowa da abin da ya riƙo. Ƙarƙashin gadon ya cika da kwanonin tuwo da filas na kunu da ledojin lemo. 'Yarsa Raihana ta baro gidan mijinta ta zo jinya, ƙaninsa Munzali kuma shi ke kai da kawo wajen sayen magani.

A gadon da ke hagunsa akwai wani dattijo siriri, an naɗe masa ƙafa tun daga cinya. Da zarar 'yan dubiya sun fara shigowa sai ya juya fuska bango, ya ja tsohon mayafinsa ya rufe kai. Sau ɗaya Kande ta leƙa ta ce, "Baba, sannu. Ina mai jinyarka?"

"Sun je gida ɗauko kaya," in ji shi daga cikin mayafin. "Gobe suna tafe."

Ta zuba masa kunu ta koma hidimar mijinta. Ba ta sake tambaya ba, don goben kowa ta san yadda take.

Malam ne kaɗai ya san gaskiyar lamarin. Kullum da hantsi akan fitar da masu jinya waje don a goge ɗaki kafin likita ya zaga. A nan ne dattijon yake yaye mayafi ya juyo.

"Malam, na ga kai ma ba ka magana," ya ce ranar farko. "To, ni sai in yi ta yi, tun da ba za ka kai gaba ba."

Sunansa Amadu. Sana'arsa kora wa fatake dabbobi daga kasuwa zuwa kasuwa, da ƙafa, daga Mashi zuwa Mai'adua, daga can a tsallaka iyaka a dawo. Mota ce ta kwashe shi a bakin titi yana tare wasu tumaki, direban bai tsaya ba, wani mai babur ne ya kawo shi ya ajiye ya tafi. Ƙauyensu yana can arewa, amma tun shekarar babbar yunwa ya watse. Matarsa da 'ya'yansa biyu a hanyar gudun ya binne su. Ya taɓa komawa ya tarar ko kufai babu, rairayi ya cinye wurin.

"A kasuwa kowa ya san fuskata," in ji shi. "Mai tumaki, zo nan. Mai tumaki, ga aiki. Amma ka tsayar da mutum ɗaya ka ce sunan uban wannan fa, ko a ina yake kwana, sai ya yi maka dariya. Yau da ba na nan, an sa wani. Ba wanda zai ce ina ya shiga."

Ya sosa gemu.

"Maganar ana tafe gobe kuwa, kunya ce kawai. Mutum ya tsufa a ce ba shi da ko mai miƙo masa ruwa? Ai sai a ce wane irin mugun hali ya yi."

Malam ya so ya ce masa ba haka ba ne. Ya so ya ce bari Kande ta dawo. Ya buɗe baki, wani sauti ya fito mai kama da kakari, yawu ya biyo gefen da ya mutu. Amadu ya miƙo hannu da ƙyar ya share masa da bakin mayafinsa.

Haka suka yi ta yi. Malam yana kallon nas tana gaya wa Amadu an rubuta magani sai a nemo wanda zai saya, yana kallon Amadu yana cewa to. Idan Kande ta dawo, Malam ya nuna gadon hagu da hannunsa mai lafiya, sai ta ɗauka taga yake so a buɗe, ko iskar ce ta dame shi a rufe.

Ranar da aka sallame shi, Munzali da wani maƙwabci suka ɗaga shi suka ɗora a keken marasa lafiya. Ya riƙe ƙarfen gado, Munzali ya ɓamɓare yatsunsa a hankali yana cewa, "Haba Yaya, gida za mu fa." Amadu ya ɗan ɗaga mayafi.

"Allah ya ƙara sauƙi, Malam," ya ce a hankali. Ya mayar da mayafin.

A gida aka shimfiɗa masa katifa a ɗakinsa na tsakar gida, inda kantar littattafansa take. Taga ɗaya ce, ƙarama, tana kallon katangar maƙwabta. Daga inda yake kwance yana ganin azara, da ƙadangaren da ke leƙowa da rana, da bayan littattafan da ba ya iya sauko da su. Yana jin kiran salla daga masallacin da ya saba tsayawa a sahun gaba, sai Raihana ta kawo masa ƙasa a faranti ya yi taimama, ya yi salla da ido. Sai an juya shi yake juyawa. Sai an tuna da shi yake shan ruwa, ko da yake ba a cika mantawa ba.

Amadu bai bar ransa ba. Duk lokacin da Kande ta kai masa cokali baki, sai ya tuna wancan gadon. Ya yi ta neman kalma ɗaya ta Hausa da za ta isar. Asibiti. Tsoho. Gado. Yana ganin su a ransa kamar kaji a tsakar gida, da ya miƙa hannu sai su watse. Raihana ta kawo masa biro da takarda, hannun hagu ya yi wani zane kamar sawun tsutsa, ya jefar da biron.

Wata ranar da azahar, Kande tana shafa masa man zafi a kafaɗa, sai wata kalma ta taso masa cikakkiya, ba gutsure. Kalma ce da yake koyar wa manyan ɗalibai don nishaɗi, ba don za ta fito a jarrabawa ba. Ta dace da Amadu kamar an auna shi aka ɗinka ta. Ya tattara ƙarfinsa.

"Kithless."

A karkataccen bakinsa ta fito kamar kisilis. Kande ta saki kwalbar man.

"Raihana! Zo, Malam ya yi magana! Malam, sake faɗi."

Ya sake. Ya kuma sakewa.

"Kilishi yake so," in ji Kande, fuskarta ta washe. "Allah sarki, dama can yana son kilishi. Maza aika bakin tasha."

Aka sayo, aka daka a turmi don ba ya iya tauna, aka kawo a kwano. Ya kawar da kai. Aka matso da cokali, ya buge shi da hannun hagu, garin naman ya watse a kan katifa. Bai taɓa ɗaga wa Kande hannu ba tun aurensu. Ta tsuguna tana tattarawa, shi kuma ya rufe ido.

Kalmar ta zama ita ce kaɗai abin da ya mallaka. Da safe ya faɗe ta, da yamma ya faɗe ta, ga duk wanda ya shigo. Mata 'yan dubiya suka fara kallon juna. Munzali ya tsaya a ƙofar ɗaki wata rana ya ce wa Kande, kamar mai kwancen ba ya ji, "Ni fa abin nan ya fara ba ni tsoro. Mutum ya manta harshen uwarsa ya kama yaren Nasara? Anya ba shafar iska ba ce?"

Shekarun nan ne da aka dawo da shari'a, masu ruƙiyya sun yawaita a gari. Munzali ya kawo ɗaya, wani matashin malami mai natsuwa. Aka tayar da Malam zaune, Munzali ya riƙe shi ta baya, malamin ya kafa baki a kunnensa ya yi ta karatu da ƙarfi. Malam ya san kowace aya, zuciyarsa tana bin su har ƙarshe, hawaye suna zuba.

"Ka ga ya fara kuka," in ji Munzali. "Zai fita."

Malamin ya dakata, ya dubi idon Malam sosai, ya ce, "Malam, idan kana fahimtar abin da nake faɗa, matse hannuna." Malam ya matse har sai da yatsun suka yi ƙara.

"Wannan ba aljani ba ne," in ji malamin yana miƙewa. "Hankalinsa ya fi nawa. Akwai abin da yake son gaya muku ne. Ku nemo wanda ya san Turanci, ku kuma ci gaba da asibiti."

Raihana ta yi sakandare, amma ba ta taɓa jin kalmar ba. Ta aika aka kira Harisu, tsohon ɗalibin Malam wanda yanzu shi ke riƙe da ajinsa. Ya zo bayan la'asar, ya cire takalmi, ya durƙusa a gefen katifa ya gaida malaminsa. Malam ya kama hannun rigarsa ya faɗi kalmar.

Harisu ya sa kunne. "Sake faɗi, Malam." Sai ya ɗago, murmushi ya suɓuce masa. "Kithless! Wallahi na tuna. A aji biyar ya koya mana."

"To mene ne?" in ji Kande.

Murmushin ya gushe. Harisu ya dubi ƙasa.

"Faɗi mana, ɗan nan. Ko zagi ne mun ji."

"Ba zagi ba ne, Mama. Turawa suna da wasu kalmomi biyu da suke jerawa tare, kith da kin. Kin su ne dangi na jini. Kith kuwa mutanen da suka san ka ne, kai ma ka san su, maƙwabta, abokai, 'yan garinku. Idan aka liƙa wa kith wutsiyar nan ta less a ƙarshe, babu ke nan. Wato mutumin da ba shi da kowa. Ba dangi kaɗai ba, ko wanda zai ce na san shi. Tsohuwar kalma ce, su kansu masu harshen ba su cika faɗin ta ba, sai a tsofaffin littattafai. Na tuna Malam ya ce mu kawo ta da Hausa. Wani ya ce maraya, ya ce maraya yana da baffanni. Wani ya ce baƙo, ya ce baƙo yana da gidan da ya baro. Wani ya ce gwauro, aji ya kwashe da dariya. Har aka kaɗa ƙararrawa ba mu samo ba."

Malam yana ta gyaɗa kai. Ƙirjinsa ya yi sanyi karo na farko tun faɗuwarsa. An ji shi.

Sai ya ga fuskar Kande.

"Ba shi da kowa," ta maimaita. Ta ajiye mafici. "Malam, mu fa? Ni da nake kwana a zaune? Yarinyar nan da ta bar ɗakinta da 'ya'yanta? Mu ba kowa ba ne?"

Ya girgiza kai da ƙarfi. Ya nuna ƙofa, ya nuna can nesa, ya faɗi kalmar.

"Kin gani," in ji Munzali daga bakin ƙofa. "Waje yake nunawa. Dangi yake nufi. Su Yaya Shatu tun sau ɗaya da suka zo ba su dawo ba. Mutanen Dutsi ma haka. Ciwo ya sa yana ganin an yashe shi."

Kande ta fita tana share ido da gefen zane. Harisu ya zauna kamar wanda ya fasa tulun mutane, ya ɗan jima ya yi sallama.

Daga ranar gidan ya cika. Munzali ya bi dangi ɗaya bayan ɗaya yana faɗa musu abin da Yaya ya ce. Suka yi ta zuwa, wasu da kunya, wasu da fushi. Yayarsu Shatu ta zo da sandarta ta zauna a kansa tana lissafa masa zumuncin da ta yi masa tun yana goye. Aka tsara kada a bar shi shi kaɗai ko na ɗan lokaci. Ɗakin ya yi zafi da numfashin mutane da warin turare da man zafi. Kowa ya shigo sai ya sunkuyo ya ɗaga murya, "Malam, ga mu fa! Kana da mu!" kamar kurma ake yi wa magana.

Ya daina faɗin kalmar, don duk lokacin da ta fita sai Kande ta yi kuka. Ya koma kallon azara. A ransa yana ganin Amadu yana ramewa, yana ganin ƙudaje a kan ƙafar nan, yana jin nas tana cewa a nemo wanda zai saya. Abinci ya daina shiga. Mutane suka ce ciwon ne ya ci gaba.

Da lokacin komawa ganin likita ya yi, Munzali ya samo motar wani abokinsa. Aka kai shi, aka auna jini, aka ce a fara zuwa gashin ƙashi. A hanyar fita Raihana ce ke tura keken, Kande na biye da leda, Munzali ya yi gaba kiran direba. Barandar ta bi ta gaban ɗakin maza. Malam ya hango ƙofar tun daga nesa. Ya jira har suka zo daidai, ya miƙa hannun hagu ya cafke ƙarfen ƙofar. Keken ya juya, ya kusa kifewa.

"Baba, saki, za ka faɗi!"

Bai saki ba. Kande ta kama yatsunsa, ya ƙara damƙewa, jijiyoyin wuyansa suka tashi. Mutanen baranda suka tsaya kallo.

"Inna, ƙyale shi," in ji Raihana. Ta zagayo ta durƙusa a gabansa. "Baba, ciki kake so mu shiga?"

Ya gyaɗa kai.

Gadon hagun wani ne a kai, saurayi da 'yan'uwansa kewaye da shi. Malam bai ga Amadu ba. Ya bi gadajen da ido ɗaya bayan ɗaya, har can ƙurya kusa da ƙofar banɗaki, inda ya hango tsohon mayafin. Ya nuna. Raihana ta tura shi har wurin.

Warin ne ya fara tarar su. Malam ya ja mayafin da kansa. Amadu ya zama ƙashi da fata, leɓɓansa sun tsage, idanunsa sun faɗa. Ya daɗe yana duban mai keken kafin ya gane shi.

"A'a, Malam. Ashe kana nan."

Malam ya ɗora hannu a ƙirjin Amadu, ya juyo ya dubi Kande ido cikin ido.

"Kithless," ya ce.

Kande ta tsaya da leda a hannu. Ta dubi mijinta, ta dubi ƙarƙashin gadon, inda babu kwano, babu buta, babu ko tabarmar mai jinya, sai takalman roba guda biyu da suka sha tafiya.

"Baba," ta ce a hankali, "mutanen naka da ka ce suna tafe?"

Amadu ya juya fuska bango.

Wata nas da ke wucewa ta tsaya. "Kun san shi ne? Tun da aka kawo shi ba wanda ya leƙo. Mu muke haɗa masa abin da ya samu, kwamitin zakka ma sun taɓa sayen magani. Amma ba shi da mai juya shi, bayansa duk ya yi gyambo."

Kande ta zauna a bakin gadon. "Innalillahi. Malam, ashe wannan kake ta faɗa. Mu kuwa muna can muna..." Ba ta ƙarasa ba. Ta kwance bakin ledar ta ciro filas ɗin kunun da ta yo wa mijinta. "Raihana, ɗago min kansa."

Tun daga ranar aka raba jinya biyu. Kande tana dafawa, Raihana tana kaiwa, Harisu ya karɓi wankan Amadu da juya shi kafin ya wuce makaranta. Da aka zo sallamar Amadu aka yi maganar kawo shi gida, Munzali ya ce shi bai yarda a kawo gida mutumin da ba a san asalinsa ba, zamani ya lalace. Malam ya yi ta dukan katifa da tafin hannu har sai da Munzali ya haƙura. Aka je aka shaida wa mai unguwa, aka share shagon da ke jikin zaure, aka shimfiɗa tabarma.

Amadu ya yi damina a gidan. Gyambon ya warke, ƙafar ta haɗe amma ta gajarce, yana ɗingishi da sanda. Da safe akan fito da Malam zaure a jingina shi da bango, Amadu ya zauna gefensa yana ba shi labarin hanya, yadda ake gane tunkiya mai ciwo tun daga tafiyarta, da rijiyoyin da ba sa ƙafewa tsakanin nan da iyaka. Malam yana saurare. A waɗannan watannin wasu 'yan kalmomin Hausa suka dawo masa, ruwa, to, Kande, bismilla. Ba su wuce haka da yawa ba.

Amma Amadu bai saba da bango huɗu ba. Kande ta lura ba ya kwana a shagon, a ƙofar gida yake shimfiɗa. Idan garken dabbobi ya wuce ta bakin titi sai ya bar magana ya bi su da ido. Da aka fara girbin gero, ya zo ya durƙusa a gaban Malam da ƙunshin kayansa.

"Malam, kun yi min abin da uwa da uba suke yi. Amma in na ƙara zama a nan, ƙirjina zai toshe. Wani bafatake a Mashi ya ce in zo in riƙa tsare masa dabbobi a kara, tun da ƙafar ba ta doguwar tafiya. Ka yafe ni."

Kande ta yi ta faɗa daga tsakar gida, wai tsoho da gurguwar ƙafa ina za shi, me aka rage shi da shi. Malam ya daɗe yana kallon sa. Shi ya fi kowa sanin abin da Amadu yake nufi.

"To," ya ce.

Malam Badaru bai sake komawa aji ba, bai kuma sake taka ƙafarsa ba. Raihana ta koma ɗakinta, dangi suka koma harkokinsu. Amadu yakan zo jefi-jefi idan ya sami motar da za ta shigo Daura, da ɗan cukwi ko goran nono a hannu. Yara a unguwa suna ganin sa suke rugawa cikin gida suna cewa ga Baba Amadu na gidan Malam.

Zuwansa na bayan nan ya tarar da Malam a zaure, gashin kansa ya yi yawa don wanzami ya kwana biyu bai biyo ba. Ya ari aska a maƙwabta, ya jiƙa kan da ruwan ɗumi, ya yi masa aski tas yana ba shi labarin wani rago da ya tsinke ya shiga masallacin kasuwa ana tsakiyar salla. Malam ya yi dariya da rabin bakinsa har ya sarƙe. Da aka yi la'asar Amadu ya ɗauki sandarsa, ya ce kada mota ta bar shi. Malam ya bi shi da ido yana ɗingishi a lungun, har ya sha kwana wajen masu sayar da itace.

Haske ya janye daga zauren, sauro ya fara fitowa. Kande tana can ciki tana tuƙa tuwo, Malam yana jin ƙarar muciya. Ya gyara hannunsa na dama da na hagu, ya ɗora shi a kan cinya, ya zauna yana jiran wanda zai zo ya shigar da shi.